Rage kuɗin jigilar kaya da lissafi: tambayoyi da amsoshi ga 'yan kasuwar Kaduna

Wannan shafi na wanda ke da kaya a wuri fiye da ɗaya ne, kuma yake da masu jiran kayan a wuri fiye da ɗaya: dillalan hatsi, masu rarraba taki da siminti, masu haɗa abincin kaji, da ɗaliban da aka ba su irin wannan aiki a makaranta. Sunayen garuruwa da unguwanni na gaske ne. Farashin mota da yawan buhuna kuwa na misali ne kawai, an zaɓe su don lissafin ya fito sarai, kada wani ya ɗauke su ya tafi tasha ciniki.

Malam, wane irin lissafi ne wannan, kuma me ya haɗa shi da kuɗin mota?

Lissafin miƙaƙƙen tsari ne, wanda ɗaliban jami'a ke kira liniya furogiramin. Abu uku yake tsaye a kai. Akwai adadin da kake nema, wato buhu nawa za su tashi daga kowane sito zuwa kowane mai saye. Akwai abin da kake so ya ragu, wato jimillar kuɗin jigila. Sai kuma iyakokin da ba za ka tsallake ba: sito ba zai fitar da abin da babu a cikinsa ba, mai saye sai an cika masa abin da ya nema, mota ba za ta ɗauki fiye da ƙarfinta ba, kuma babu buhun da ya gaza sifili.

Sharaɗinsa ɗaya ne mai muhimmanci: kuɗi ya riƙa tafiya daidai da yawan kaya. Idan buhu ɗaya ₦1,200 ne, goma ₦12,000 ne, ɗari ₦120,000. Muddin haka ne, lissafin zai ba ka rabon da babu wanda ya fi shi araha, kuma zai nuna maka hujjar hakan. Inda sharaɗin ya karye, kamar wajen shatar tirela, akwai gyara, za mu zo wurin.

Ranka ya daɗe, ai abin a fili yake: kowa a kai masa daga siton da ya fi kusa da shi. Ina buƙatar wani lissafi?

A nan yawancin kuɗin ke zuba, don haka bari mu zauna a kai. A ce Alhaji yana da masara buhu 750: 200 a sitonsa na Mando, 300 a Saminaka, 250 a Kachia. Masu saye uku ne: na Kawo yana son 250, na Tudun Wada 200, na Kakuri 300. Kuɗin kai buhu ɗaya kuwa ga shi:

Daga Mando: Kawo ₦200, Tudun Wada ₦300, Kakuri ₦500.
Daga Saminaka: Kawo ₦1,200, Tudun Wada ₦1,500, Kakuri ₦1,800.
Daga Kachia: Kawo ₦1,600, Tudun Wada ₦1,400, Kakuri ₦1,100.

Wanda ya san garin zai ga dalilin farashin. Motar Saminaka ta Mararrabar Jos take shigowa, Kawo ce bakin ƙofarta, kuma duk yadda ta nutsa kudu cikin cunkoso direba ƙara kuɗi yake yi. Motar Kachia ta kudu take shigowa, Kakuri ta fi mata sauƙi.

Mai bin mafi kusa zai ce Mando da Kawo maƙwabta ne, a kwashe buhu 200 na Mando a kai Kawo, ₦40,000. Kachia ta kai 250 ɗinta Kakuri, ₦275,000. Abin da ya rage duka ya faɗa kan Saminaka: 50 zuwa Kawo ₦60,000, 200 zuwa Tudun Wada ₦300,000, 50 zuwa Kakuri ₦90,000. Jimilla ₦765,000. Kowane mataki da aka ɗauka yana da hankali in an dube shi shi kaɗai.

Ga rabon da lissafi ya fitar. Saminaka ta cika wa Kawo 250 ɗinsa duka, ₦300,000, ta kai ragowar 50 Tudun Wada, ₦75,000. Mando ta kai 150 Tudun Wada, ₦45,000, ta kai 50 Kakuri, ₦25,000. Kachia tana nan yadda take, ₦275,000. Jimilla ₦720,000. An rage ₦45,000 ba tare da an roƙi direba ko ɗaya ragi ba, kuma hanyar da ta fi kowace araha a jadawalin, Mando zuwa Kawo, ko buhu ɗaya bai bi ta ba.

Dalilin shi ne buhunan Mando 200 ne kacal, kuma darajarsu tana wurin da suka fi ceton kuɗi. Buhun Mando in ya je Kawo, ya hana biyan ₦1,200 an biya ₦200, an ceci ₦1,000. In ya je Tudun Wada an ceci ₦1,200. In ya je Kakuri a madadin na Saminaka an ceci ₦1,300. Tambayar da ta dace ita ce "me zan biya in ban bi nan ba", kuma ita ce ba a cika yi ba a bakin tasha.

Ta yaya aka tabbatar ₦720,000 ne ƙarshe, ba wani rabon da ya fi shi?

Da takarda da biro ma ana iya yi. Ka fara da kowane rabo da ya cika sharuɗɗa, ko da mai tsada ne. Sai ka ɗauki hanyar da ba a amfani da ita ka tambayi kanka: in na tura buhu ɗaya ta nan, me zai canja? Buhu ɗaya ba ya motsi shi kaɗai, sai ya ja wasu. Daga rabon ₦765,000, gwada Mando zuwa Kakuri. An ƙara ₦500. Mando ta rage wa Kawo buhu ɗaya, an cire ₦200. Saminaka ta cike wa Kawo gurbin, an ƙara ₦1,200. Saminaka ta daina kai buhu ɗaya Kakuri, an cire ₦1,800. Abin da ya fito ragin ₦300 ne a kan kowane buhu. Buhu 50 Saminaka ke kaiwa Kakuri, don haka sau 50 za a iya juyawa, ₦15,000 ke nan, an sauko ₦750,000.

Sai a gwada Mando zuwa Tudun Wada: ƙari ₦300, ragi ₦200, ƙari ₦1,200, ragi ₦1,500. Ragin ₦200 a kan buhu, kuma buhu 150 suka rage a hanyar Mando zuwa Kawo, ₦30,000. An iso ₦720,000.

Yanzu a sake gwada hanyoyi huɗun da suka zauna babu kaya. Mando zuwa Kawo zai ƙara ₦200 a kan buhu, Saminaka zuwa Kakuri ₦100, Kachia zuwa Tudun Wada ₦500, Kachia zuwa Kawo ₦1,000. Babu wadda ke ragewa. A irin wannan lissafi, in babu juyi ɗaya da ke rage kuɗi, to babu wani rabo a ko'ina da ya fi wanda ke hannunka. Wannan abu ne da aka tabbatar a ilimin lissafi. Abin da kwamfuta ke yi da dabarar simfuleks ke nan, sai dai ita ba ta gajiya.

Lura kuma cewa hanyoyi biyar aka bi cikin tara. In babu iyaka a kan hanyoyin kansu, kullum akwai rabo mafi araha da bai wuce yawan situna da masu saye a haɗe a cire ɗaya ba. Mai situna biyar da kwastomomi goma yana da hanyoyi 50 a takarda, amma 14 sun ishe shi.

To ina maganar iyakar abin da mota ko hanya za ta iya ɗauka?

Iyaka iri-iri ce, kuma kowace layi ɗaya ce da ake ƙarawa a lissafin. Ta sito mun gani. Akwai ta wurin saukewa, kamar shagon da ba zai karɓi fiye da buhu 100 a rana ba saboda wuri ko ƙarancin 'yan dako. Akwai ta hanya ɗaya tak. Akwai kuma ta motoci gaba ɗaya, inda hanyoyi da yawa ke rabon motoci ƙalilan.

Mu koma wurin Alhaji. A ce arahar Kachia zuwa Kakuri ta samu ne saboda motar da ta kai wani kaya Kachia ce ke dawowa, kuma wannan makon gurbin buhu 150 kawai gare ta. Sai a rubuta cewa wannan hanya ba za ta wuce 150 ba. Ragowar 100 na Kachia za su nufi Tudun Wada a kan ₦1,400, Mando ta ƙara wa Kakuri ya zama 150, ta rage wa Tudun Wada ya koma 50, Saminaka ba ta canja ba. Jimilla ta hau ₦770,000. Iyakar ta ci ₦50,000, wato ₦500 a kan kowane buhu da ya rasa gurbi.

Wannan ₦500 ɗin makamin ciniki ne. In wani direba ya ce zai kai ragowar Kakuri kai tsaye, Alhaji ya san inda zai tsaya: ₦1,100 da ₦500, wato ₦1,600. Ƙasa da haka a karɓa, sama da haka a ce Allah ya ba da sa'a.

Na ji ana maganar "ɓoyayyen farashi". Shi ne wannan?

Shi ne, kuma a ganina ya fi rabon kansa amfani. Rabo na mako ɗaya ne, gobe masu saye sun canja. Ɓoyayyen farashi kuwa yana gaya maka inda takura take a kasuwancinka da abin da take ci.

A rabon ₦720,000, in aka sami ƙarin buhu ɗaya a Mando, zai je Tudun Wada a kan ₦300 ya hana ɗauko ɗaya daga Saminaka a kan ₦1,500. Darajarsa ₦1,200. Ƙarin buhu ɗaya a Kachia kuwa ₦600 yake ceta, ta hanyar zagaye: ya je Kakuri, ya saki buhun Mando ya koma Tudun Wada, shi kuma ya kori na Saminaka. Don haka in Alhaji na tunanin kama ƙarin sito, ya san Mando ta ninka Kachia amfani a wannan yanayi. Sai dai buhu ba ya faɗowa Mando daga sama. In kuɗin shigo da shi da na ajiya da na feshin ƙwari suka wuce ₦1,200, ba a ci riba ba.

Kuma farashin yana da iyakar inda yake aiki. Buhu 50 Saminaka ke kaiwa Tudun Wada. In suka ƙare, ƙarin buhun Mando sai ya koma Kawo, darajarsa ta sauka zuwa ₦1,000. Wanda ya ninka ₦1,200 sau 500 ya je ya gina sito, lissafinsa zai ba shi kunya.

Idan kayana sun fi abin da ake nema, ko kuma ba su kai ba?

In sun fi, sai a ƙara mai saye na bogi a jadawalin, a ba shi rarar, kuɗin kai masa sifili ko kuɗin ajiya na wannan sito. Duk siton da lissafi ya haɗa da shi, a nan kaya za su kwana. In ba su kai ba, sai a ƙara sito na bogi, kuma a nan hukuncin naka ne: nawa za ka yi asara in ka gaza cika wa wane buhu ɗaya? Mai gidan kajin da kajinsa za su kwana da yunwa ba ɗaya yake da mai shagon da zai iya jira zuwa Litinin ba. In ka bar su duka a sifili, lissafi zai yanke wa wanda ya fi tsadar kaiwa, ko da shi ne babban kwastomanka.

Su wa suka fito da wannan ilimi?

Tun 1781 wani Bafaranshe, Gaspard Monge, ya yi nazarin yadda za a kwashe ƙasa daga wuri a cike wani da ƙaramar wahala. A 1939 Leonid Kantorovich na Leningrad ya fitar da hanyar warware irin waɗannan matsaloli, bayan wata masana'antar falankin katako ta kawo masa tambayar yadda za ta raba aiki tsakanin injinanta. A Amurka Frank Hitchcock ya tsara matsalar jigila a 1941 kusan yadda muka rubuta ta a sama, Tjalling Koopmans kuma ya ci karo da ita lokacin Yaƙin Duniya na Biyu yana aikin tsara zirga-zirgar jiragen ruwan dakon kaya. George Dantzig ne ya fito da dabarar simfuleks a 1947 yana aiki da rundunar sojan saman Amurka. A 1975 aka ba Kantorovich da Koopmans kyautar Nobel ta tattalin arziki, ba a sa Dantzig ba, abin da masana da dama suka ga rashin kyautawa ne.

Me da me zan haɗa cikin kuɗin buhu ɗaya? Abin da direba ya ce kawai?

A'a, kuma nan ne aikin gaske yake. Danna maɓalli minti ɗaya ne, tattara farashi na gaskiya shi ne mai cin lokaci. Bayan kuɗin mota akwai na 'yan dako wajen lodi da wajen saukewa, la'adar ɗan kamasho, tikitin 'yan ƙungiya a tasha, harajin kasuwa da na ƙaramar hukuma, da abin da ke fita a shingayen hanya, wanda direba ya riga ya sa a farashinsa ko zai dawo ya nema. Akwai buhun da ke fashewa, akwai wanda ruwa ke taɓawa in tamfol ya yage. Ga mai tumatir ko tattasai, awa biyu a cunkoso kuɗi ne, dole a ƙiyasta lalacewa a sa ta a hanyar da ke jawo ta. Haka in farashin sayen masara a Saminaka ya bambanta da na Kachia kuma ba dole ba ne ka kwashe duka, to farashin saye ma ya shiga.

Akwai sauƙi ɗaya da mutane ba su sani ba. In dole ne duk kayan sito su fita, kuɗin da ke hawa kan kowane buhun wannan sito daidai wa daida ba ya canja rabo. 'Yan dakon Saminaka su ƙara ₦100 a kan buhu, jimilla za ta hau da ₦30,000, amma wa zai kai wa wa yana nan. Saboda haka ƙarfinka ya tafi wajen gano abin da ya bambanta hanya da hanya.

Farashin gas da fetur ba ya zama wuri ɗaya. Kullum sai na sake lissafi?

Ba kullum ba. In duk hanyoyi suka hau da kashi iri ɗaya, a ce kashi 20 cikin ɗari, rabo ba ya motsi. Matsala tana zuwa ne in wasu suka hau suka bar wasu. Cire tallafin fetur a ranar 29 ga Mayun 2023 irin wannan ne: ƙananan motoci masu shan fetur da ke jigilar cikin gari suka ji shi kai tsaye, manyan motoci masu shan gas kuwa dama an daɗe da sakin farashin mansu. Wanda ke haɗa iri biyun dole ya sake duba jadawalinsa a lokacin.

Alƙaluman da muka samu ɗazu su ne ma'auni. Saminaka zuwa Kakuri ₦100 kawai ya raba ta da shiga rabo, in ta sauko ƙasa da ₦1,700 a sake lissafi. Wannan ita ce hanyar sa wa ido. Kachia zuwa Kawo sai ta faɗi da ₦1,000, a manta da ita. Mando zuwa Kawo kuwa, ko kyauta za a kai, kunnen doki kawai za a yi da rabon da ake da shi.

Ni shatar mota nake yi. Ko rabi na cika, kuɗin tirela ɗaya zan biya. Lissafin zai yi mini aiki?

Ba yadda yake a sama ba. Tirela mai tan 30 tana ɗaukar siminti buhu 600 mai kilo 50, ko hatsi buhu 300 mai kilo 100. In lissafi ya ce a kai buhu 50 daga Saminaka zuwa Tudun Wada, ba wanda zai tayar da tirela don wannan a farashin da aka rubuta.

Mafita biyu ce. In motocinka iri ɗaya ne kuma kaya da buƙata duka lodi-lodi suke, sai ka ƙirga da mota maimakon buhu. Matsalar jigila tana da wata baiwa: in alƙaluman sito da na masu saye da na iyakar hanya cikakku ne, amsar simfuleks ma cikakkiya take fitowa, ba za ta ce mota biyu da rabi ba. In kuwa akwai tirela da kanta da a-kori-kura a haɗe, sai a ƙara wani adadi ga kowace hanya, yawan motocin da za su bi ta, a tilasta ya zama cikakken lamba, a ce buhunan hanyar kada su wuce yawan motoci sau abin da kowace ke ɗauka. Wannan ya fi wa kwamfuta nauyi, amma ga girman kasuwancin yawancinmu ba wani abu ba ne. Abin da bai kamata ba shi ne a karɓi amsar mota 2.4 a mayar da ita 2 ko 3 da ka. Sau da yawa hakan na karya wata iyakar ko ya tsallake rabon da ya fi araha.

Baiwar nan kuma tana ɓacewa in masara da waken soya da taki suna rabon mota ɗaya. A nan ma sai an tilasta cikakkun lambobi.

Wace manhaja zan yi amfani da ita?

Excel na kwamfuta yana da Solver, sashen da ke warware irin wannan lissafi, sai dai a kunna shi. Ka yi jadawali biyu masu girma ɗaya, na farashi da na buhuna. Gida ɗaya na shafin ya haɗa jimilla da SUMPRODUCT, umarnin da ke ninka kowane farashi da buhunansa ya tara su. Ka gaya wa Solver ya rage wannan gida ta hanyar canja jadawalin buhuna, ka shigar da iyakokin, ka hana lamba ta gaza sifili, ka zaɓi Simplex LP. Rahoton da yake fitarwa bayan ya gama yana ɗauke da ɓoyayyun farashin. Iyakarsa adadi 200 ne, wato situna 10 da masu saye 20. LibreOffice Calc kyauta ne kuma yana da nasa. Wanda ya iya Python, harshen rubuta manhaja, yana da manhajojin PuLP da OR-Tools, su ma kyauta, suna ɗaukar dubban hanyoyi.

In ya ce babu amsa, kada a zargi kwamfuta. Iyakokin ne suka ci karo da juna, galibi an nemi a kai abin da motoci ba za su iya ɗauka ba, ko an juya alamar "kada ya wuce" ta zama "kada ya gaza".

Hanyar da direbobi ke gudu saboda tsaro, ko wadda damina ta yanke fa?

A sa iyakarta sifili, ko a ba ta farashi mai girman da ba za a zaɓe ta ba. Mutanen Kaduna ba sa buƙatar a yi musu bayanin abin da hanyar Birnin Gwari da ta Abuja suka gani a shekarun baya. In hanya tana biyuwa amma da rana kawai, wannan iyakar yawan sawu ce, a rubuta ta haka. Shawarata a yi lissafin sau biyu, da hanyar da kuma babu ita. Bambancin shi ne abin da za ka biya don kauce mata, kuma sau da yawa bai kai yadda ake zato ba. Ran direba da yaron mota ba ya shiga jadawali; hanyar da ake shakka a kanta a cire ta tun kafin a fara.

Kayana ba kai tsaye suke zuwa ba, sai sun sauka a wani wuri tukuna.

Sai wurin ya shiga lissafi a matsayin zango, da sharaɗin abin da ya shiga shi ne zai fita, da iyakar abin da zai iya riƙewa. Haka ake yi wa kwantenar da ta taso daga Legas ta sauka a tashar tsandauri ta Kakuri, wadda aka buɗe a Janairun 2018, kafin a raba kayan zuwa Zariya ko Kano. Haka ake yi wa citta da ake tarawa daga ƙauyukan Kachia da Jaba da Kagarko kafin babbar mota ta ɗauka.

Da wannan dabara ake shigar da lokaci ma. Siton Mando na watan Disamba da na watan Yuni sai a ɗauke su wurare biyu, "hanyar" da ke tsakaninsu ita ce ajiya, kuɗinta haya da magani da raguwar nauyi. Mai saye da kaka don sayarwa da damina zai ga wane sito ya kamata ya fara kwashewa.

Ina da a-kori-kura mai zagaya shaguna da burodi da ruwan leda. Wannan ne lissafina?

Ɗan'uwansa ne, ba shi ba. Taka tambayar ita ce wane shago za a fara da shi, wanne zai biyo, kuma wace mota za ta ɗauki waɗanne. Dantzig da John Ramser suka tsara ta a 1959 a kan motocin kai fetur gidajen mai. Ta fi wuya nesa ba kusa ba, amma OR-Tools yana da sashe na musamman dominta.

Hajiya ce ke tambaya: ɗana zan sa ya koya. Ina zai je?

Ana koyar da shi a sassan lissafi da ƙididdiga da na kasuwanci a manyan makarantu, irin su Jami'ar Ahmadu Bello da Jami'ar Jihar Kaduna da Kwalejin Kimiyya da Fasaha ta Kaduna, kuma Zariya tana da cibiyar nazarin fasahar sufuri ta ƙasa. Amma don aikin gida, Hajiya, wanda ya iya Excel zai kama shi cikin 'yan kwanaki. Ki ba shi littafin sawun watan da ya wuce, ya fitar da abin da lissafi zai ce, ku kwatanta da abin da aka biya. In sito ɗaya ne kuma mai saye ɗaya, babu abin rabawa, kada ya ɓata lokacinsa.

Akwai direban da muka daɗe tare, akwai kuma kwastoman da ya fi son masarar wani sito. In bi lissafi in watsar da su?

Ba sai ka watsar ba, ka shigar da su. A ce mutumin Kawo ya dage sai an ba shi aƙalla buhu 50 daga Mando, saboda ya yarda da bushewarta. Sai a rubuta cewa Mando zuwa Kawo kada ta gaza 50. Mun riga mun san kowane buhu a wannan hanya yana ƙara ₦200: Mando ta rage wa Tudun Wada 50, Saminaka ta ƙara mata 50 ta rage wa Kawo 50. Jimilla ta koma ₦730,000. Biyan buƙatar tasa ₦10,000 ne a wannan zagaye. Alhaji yana iya ɗauke ta don zumunci, yana iya ƙara masa ₦200 a kan buhu, yana kuma iya raba ta biyu da shi. Haka za a yi wa direban: a ba hanyarsa mafi ƙarancin lodin da aka yi masa alkawari, a sake danna Solver, a karanta sabuwar jimilla.